Aikin Nuru a Gaban Abbana

"Jama'a, a tafa wa baƙonmu na ƙarshe!" in ji Habu a makirufo, yana wani murmushi har kunne.

Labule ya buɗe.

Biron da ke hannuna ya suɓuce ya faɗa ƙarƙashin tebur.

Nuru!

Nuru nawa, cikin farar shadda da hular da na zaɓa masa da kaina, yana takowa a natse zuwa kujerar baƙo kamar ba a gaban mutum ɗari uku yake ba.

Innalillahi...

Na juya na kalli Abba da ke zaune a damana. Dariya yake, yana gyara tabarau.

"A'a! Kubura, ashe da ku aka haɗa baki? Surukin nawa aka kawo mini?"

Na sunkuya ina laluben birona.

Wannan wasa na Abba ne, shi ya kawo shi cikinmu. Tun yana ɗalibi a ƙasar nan ya ƙwallafa rai a kan wani tsohon shirin talabijin na Turawa, inda mutum huɗu suke zama a tebur suna yi wa baƙo tambayoyi har su gano sana'arsa. Da 'yan arewa na Birmingham da na Manchester suka fara haɗuwa duk bayan babbar Sallah, sai ya ce dole a riƙa rufe taro da irinsa. Ya raɗa masa suna Canki Aikina. Baƙo ba ya cewa komai sai "eh" ko "a'a". Ana haska aikinsa a allon da ke bayan alƙalai, jama'a su gani, mu kuwa an hana mu waiwaye. In ya tara "a'a" goma ba mu gano ba, ya ci mu.

A wannan shekarar, 2012, a Manchester aka yi. Alƙalai mu huɗu: Abba, wato Dakta Abdulsalami, sai Anti Maimuna malamar jami'a, sai Injiniya Rabe, sai ni da aka ce a sa don matasa su samu wakilci.

Abin da Abba ya sani shi ne Nuru injiniya ne a council, wato hukumar birninmu na Birmingham, sashen tituna.

Abin da bai sani ba shi ne wata biyar ke nan da aka rage ma'aikata, aka rufe sashen su Nuru gaba ɗaya. Lokacin nan ne da ko'ina ka juya gwamnati na tsuke bakin aljihu, yau a rufe library, gobe a sallami mutum hamsin. Nuru ya nemi aikin injiniya har ya gaji. Da ya ga zama ba zai yi ba, ya karɓi abin da ya samu.

Ni na sani tun ranar farko.

Ni ce kuma na ce masa, "Don Allah kar ka gaya wa Abba yanzu. Bari a sa rana tukuna."

Allon bayanmu ya haska.

Ban ga abin da aka rubuta ba, amma na gan shi a fuskokin mutane. Zauren ya ɗauki ƙus-ƙus. Wasu mata a layin baya suka gimtse dariya. Mama da ke layin gaba ta dafe ƙirji, ta zuba mini ido.

Habu kuwa sai juyi yake a dandamali. Akanta ne a Manchester, ɗan abokin Abba. Sau biyu yana turo mini da maganar aure, sau biyu ina ba shi haƙuri.

"Dakta, kai ne babba, kai za ka fara," ya ce.

Abba ya jingina da kujera. "Wannan ai kyauta aka ba mu. Malam Nuru, aikinka yana da alaƙa da tituna da gadoji?"

Nuru ya kalle shi da ladabi.

"A'a, Abba."

Dariyar Abba ta tsaya a rabi.

"Ɗaya!" Habu ya ɗaga kati sama.

Anti Maimuna ta karɓa. "A ofis kake aiki?"

"A'a."

"Biyu!"

Injiniya Rabe ya tambaya ko yana tuƙa babbar mota. A'a. Uku.

Aka zo kaina.

Nuru ya juyo. Idonsa a sanyaye, babu tsoro a ciki, babu fushi.

"Kana... kana aiki a jirgin ruwa?" na ce.

Aka fashe da dariya. Jirgin ruwa a Birmingham, garin da ba shi da teku!

"A'a," ya ce a hankali.

"Huɗu!"

Da gangan na yi. So nake a cika goma a tashi, ko Allah zai sa wuta ta ɗauke, ko rufin ya faɗo, ko ma mene ne.

Abba ya jawo takarda gabansa. Yanzu ba wasa yake ba, irin fuskar da yake sawa ce in zai duba marar lafiya.

"Kana sanya uniform?"

"Eh."

"Da mutane kake aiki, ba da injuna ba?"

"Eh."

"Kana taɓa su da hannunka?"

"Eh, Abba."

"Aikin asibiti ne?"

"A'a."

"Biyar!"

Anti Maimuna ta ce, "Su suke zuwa wurinka?"

"A'a."

"Shida!"

Injiniya Rabe ya sosa ƙeya. "To, kai kake bin su gida ke nan. Aski kake yi musu?"

Nuru ya ɗan murmusa. "Eh, har da shi."

Nan ne Habu ya matso gaban dandamali, ya kashe wa jama'a ido ɗaya.

"Bari in tausaya wa alƙalai in ba su satar amsa. Wannan aiki yana buƙatar safar hannu..." ya ɗan tsaya, ya kama hancinsa da yatsu biyu, "...da kuma toshe hanci!"

Wasu suka kece da dariya. Wasu suka sunkuyar da kai.

Na kalli Nuru. Hannayensa na kan gwiwa, ko motsi bai yi ba. Hannayen nan da suka faffashe saboda yawan wankewa, waɗanda nake tsokanarsa a kansu ina ba shi man shafawa daga shagon maganin da nake aiki.

Ban san lokacin da na miƙe ba.

"Na san amsa!"

"Haba Kubura, ba a zo kanki ba," in ji Habu.

"Na ce na sani!" Na jawo makirufo kusa. "Carer ne. Gidajen tsofaffi yake shiga, ya yi musu wanka, ya sauya musu kaya, ya ba su abinci da magani. An rufe sashensu a council wata biyar da suka wuce. Bai zauna a gida ba, bai roƙi kowa ba."



Na juya ga Abba, hawaye na zubo mini.

"Ya so ya gaya maka tun ranar farko, Abba. Ni na hana shi. Laifin nawa ne."

Abba ya rufe bironsa a hankali, ya sa a aljihu.

"Ƙa'idar wasa," ya ce, muryarsa ba ta ko ɗaga ba, "duk alƙalin da ya san aikin baƙo janyewa yake yi tun farko. An ci mu. A tafa wa baƙo."

Ya tashi ya sauka daga dandamali.

Na samu Nuru a wajen ajiye motoci, ana yayyafin nan na Manchester da ba ya jin lokaci.

"Me ya sa ka zo? Me ya sa ba ka gaya mini ba?"

"Da kin hana ni."

"Ƙwarai da na hana ka!"

"Habu ya shigo Birmingham ya hango ni a unguwar Lozells ina tura wani a keken guragu," ya ce. "Ya kira ni ya ce in zaɓa: ko in zo in zauna a kujerar nan, ko ya kai wa Abba labari da kansa, da irin gishirin da ya ga dama. Na gaji da ɓoyo, Kubura. Duk ranar da na gaishe da Abba ya ce 'Injiniya, ya aiki?' sai in ji kamar in nutse."

"Sun yi maka dariya..."

"Wasu sun yi. Ke kuma kin tashi tsaye." Ya miƙo mini hankici. "Share hawayenki, sanyin idona. Wallahi yau ƙirjina wasai yake, rabon da in ji haka tun wata biyar."

"In Abba ya raba mu fa?"

"Sai in jira. Na iya jira, aikina ke nan yanzu."

Duk da kukan sai da na yi dariya.

A mota kuwa babu dariya. Tun daga fitarmu Manchester Mama take faɗa.

"A gaban matan Manchester! Ni Batulu! Gobe kowa na waya yana cewa 'yar Dakta, mai degree ɗinta a pharmacy, mai goge wa tsofaffin Turawa jiki za ta aura. Ga Habu nan, yaro da ofis ɗinsa, da flat ɗinsa..."

"Mama, shi ne fa ya shirya wulaƙancin nan."

"Rufe mini baki!"

Abba ya yi ta tuƙi har muka hango Birmingham. Sannan ya kalle ni ta madubi.

"Kubura, ba aikinsa ne ya fi ƙona mini rai ba. Wata biyar kina kawo mini shayi da safe, kina kallon tsabar idona."

"Ka yafe mini, Abba."

"A dakata da maganar sa rana. Kuma kada ya sake zuwa gidana sai na neme shi."

Mako uku muka yi a haka. Ina zuwa aiki a babban titin Erdington, ina dawowa, ina gaishe da Abba ya amsa da kai. Nuru ya bi umarnin har ya wuce, ko waya ya daina kira, sai dai kullum da safe in ga saƙo guda: "Allah ya ba da sa'ar aiki, gimbiyata."

Habu ya zo shagonmu rannan da furanni, yana cewa shi gaskiya kawai ya so a sani.

"Ai an sani," na ce. "An san tasa, an san taka. Akwai maganin da kake so? Akwai layi a bayanka."

Ya tafi da furanninsa.

Wata Asabar da hantsi Abba ya leƙo kicin.

"Motata na gareji. Ɗauko taki ki kai ni Lozells."

A hanya ne ya gaya mini inda za mu. Gidan Malam Ɗantani, tsohon da ya sauke shi a ɗakinsa lokacin da ya zo ƙasar nan da jaka ɗaya. Shekara talatin yana tuƙa bas a garin nan kafin ya yi ritaya. Matarsa ta rasu, 'ya'yansa suna nesa. Duk lokacin da wani abu ya shige wa Abba duhu, wurinsa yake zuwa.

"An ce mini ya samu shanyewar ɓarin jiki bara," Abba ya ce, yana kallon taga. "Kullum ina cewa zan zo. Yau shekara guda da wata biyu."

Gidan ɗan ƙarami ne a jerin gidajen jan bulo, ƙofar a buɗe kaɗan. Muka yi sallama ba a ji ba. Daga falo muka jiyo murya.

"Yauwa, Baba. Saura ƙafa. Jingina a kaina, ba za ka faɗi ba."

Na tsaya cak.

Ko a cikin mutum dubu na san muryar nan.

Abba ya tura ƙofar falon.

Malam Ɗantani na zaune a bakin gado, farin gemunsa a gyare tsaf. A gabansa Nuru ne durƙushe cikin shuɗin uniform, da roba cike da ruwan ɗumi, yana riƙe da ƙafar tsohon yana tsettsefe masa yatsu ɗaya bayan ɗaya.

Alwala yake masa.

Ya ɗago ya gan mu, ya yi yunƙurin tashi.

"Zauna ka ƙarasa," in ji tsohon. Maganarsa a karkace take fita, amma ana ganewa. Ya ƙura wa Abba ido. "Abdulsalami? Sai yau?"

Abba, babban likita da ake tashi tsaye in ya shiga ward, ya durƙusa har ƙasa.

"Na yi laifi, Malam."

"Ka yi." Tsohon ya nuna Nuru da hannunsa mai lafiya. "Da na faɗi, Turancin duk ya gudu daga kaina, Hausa kaɗai ta rage. Masu zuwa su yi ta magana, ni in yi ta kallonsu. In ce ruwa, su kawo bargo. Sai aka nemo mini wannan. Minti goma sha biyar council ta yanka mini da safe, ɗan nan. Minti goma sha biyar! Wanka, kaya, karin kumallo. Shi kuwa in lokacin hutunsa ya yi, maimakon ya ci abinci, sai ya dawo ya yi mini alwalar azahar. Wata bakwai na yi ina taimama a bango kafin ya zo."

Nuru dai kansa na ƙasa.

Ni ban taɓa jin wannan ba. An hana su faɗin sunan waɗanda suke kula da su, shi kuma ko ni bai gaya wa ba.

Abba ya miƙe tsaye. Sai na ga ya cire kwat ɗinsa ya miƙo mini, ya naɗe hannun riga.

"Ba ni ɗaya ƙafar."

"Abba, bari ni..."

"Na ce ba ni."

Ya kama ƙafar hagu zai ɗaga, tsohon ya karkata gefe. Nuru ya yi wuf ya tare shi da kafaɗa.

"Ta nan ake tallafe shi, Abba. Wannan ɓarin ba ya ji. Sa hannunka ƙarƙashin gwiwa tukuna... yauwa, haka."

"Haka?"

"Haka, Abba."

Ina tsaye a bakin ƙofa rungume da kwat, ina kallon maza biyun da na fi so a duniya kafaɗa da kafaɗa a kan roba guda. Na toshe bakina da gyale don kar kukana ya fito.

Malam Ɗantani ya hango ni.

"Wannan ce Kuburar? Wadda yake ta kallon hotonta a waya yana ajiyar zuciya?"

"Baba!" in ji Nuru.

"Ƙarya na yi? Abdulsalami, ashe 'yarka ce. To, shawarar me ka zo nema?"

Abba ya tsame hannunsa daga ruwa, ya karɓi tawul daga hannun Nuru.

"Na riga na samu, Malam."

Muka shiga mota. Abba ya ɗaura bel ɗinsa a natse.

"Mahaifinsa ya rasu, ko?"

"Eh, Abba. Kawunsa yana Zariya, kuma ba shi da lafiyar tafiya."

"A kira kawun. In ya amince, Malam ya tsaya masa."

"Abba..."

"Ke kuma," ya ɗaga mini yatsa, "daga yau ko me ya faru, mai daɗi ko marar daɗi, daga bakinki nake son ji. Ba a dandamali ba."

"Na yi alkawari, Abbana!"

"To tuƙa mu. Akwai babban aiki a gida."

Babban aikin Mama ce. Kwana huɗu ba ta yi wa kowa magana ba. A na biyar Abba ya ɗauke ta suka je gaishe da Malam. Ban san abin da ta gani ba, ba ta kuma taɓa faɗa mini ba. Na dai san washegari na same ta a kicin tana zuba kunun gyaɗa a flask guda biyu.

"Ɗaya na tsohon," ta ce ba ta kalle ni ba. "Ɗayan kuma... yaron nan ya rame da yawa. Ba zan aurar da 'yata ga ƙashi ba."

Na rungume ta ta baya har kunun ya kusa zubewa.

Ranar wata Asabar a watan Afrilu aka ɗaura, bayan azahar, a wani masallaci a Lozells. 'Yan Manchester bas biyu suka cika. Muna sama a sashen mata, ina cikin lulluɓi, sai lasifika ke kawo mana abin da ake yi a ƙasa.

Na ji muryar Abba yana bayarwa.

Sai liman ya ce, "Ina waliyyin ango?"

Na ji ƙarar tayar keke a kan kafet. Sannan muryar nan mai karkata ta fito, kalma ɗaya bayan ɗaya, kowace da ƙyar.

"Ni ne... Ɗantani. Na karɓa... wa ɗana."

Mama ta damƙe hannuna, ita da ke ta yi mini kashedin kar in ɓata kwalliya, nata kwallin ya riga ya zubo har kumatu.

Da aka fito ana ta guɗa da hotuna, na hango shi a bakin ƙofa cikin babbar riga, hannayensa a kan keken Malam. Ya ratso mutane ya zo kusa da ni, ya rage murya.

"Amaryata."

"Na'am, angona."

"Ki ba ni minti ashirin. Waliyyina ya gaji, zan mai da shi gida in kwantar da shi."

Na ɗaga lulluɓin kaɗan na kalle shi.

"Yi a hankali, kar ka yi sauri," na ce. "Ina nan."